Tubalin Katako da Littattafan da Suka Fito Daga Cikinsa

Guntun katako ne marar fenti. Tsawonsa kamar santimita 14, faɗinsa 7, kaurinsa uku da rabi, wato kauri biyu ke ba da faɗi, faɗi biyu ke ba da tsawo. Ba shi da taya, ba shi da batir, ba ya waƙa in an danna shi. A zuba wa yarinya 'yar shekara uku irinsa guda ashirin a kan tabarma, a koma gefe a zura mata ido. Za ta kafa biyu a tsaye, ta ɗauko na uku ta ɗora musu a ka, sai ya zurma tsakani domin ta ba su tazara da yawa. Ta sake ɗorawa, ya sake zurmawa. Ta danna shi da ƙarfi kamar laifinsa ne. Can sai ta dakata, ta dubi na hannunta, ta dubi giɓin, ta matso da ɗaya kusa da ɗan'uwansa. Wannan karon ya zauna daram. Babu wanda ya ambata mata tazara ko tsawo, amma cikin minti biyar ɗin nan ta auna, ta kuskure, ta gano inda kuskuren yake, ta gyara. Kusan duk gardamar da masana tarbiyya suka shafe shekara ɗari biyu suna tafkawa, kan yadda ɗan Adam yake koyo da kuma aikin da ya rage wa malami, tana ƙunshe cikin wannan 'yar gada.

Shi ya sa nake ganin wanda yake son ya fahimci falsafar ilimi da nazarin koyo, malamar nasare ce, ko uba, ko ɗalibin kwalejin ilimi, bai kamata ya fara da manyan littattafan masana ba. Abin da aka saba shi ne a haddace sunaye don jarrabawa: wane ya ce matakan girman tunani huɗu ne, wane ya ce kaza. A ci jarrabawa, a shiga aji, a koma ga alli da bulala kamar ba a taɓa jin sunayen ba. Laifin ba na masanan ba ne, na jerin karatun ne. An ba mutum amsa tun bai ga tambayar ba. Gani ya kori ji. A fara da littattafan waɗanda suka durƙusa a ƙasa suka kalli yara suna gini, sa'an nan a hau zuwa ga masu fashin baƙi, a ƙarshe a saurari masu suka. Tubalin wasa ya dace da wannan aiki fiye da kowane kayan aji, domin tunanin yaro yana fitowa fili a jikinsa. In yaro yana lissafi a zuci, amsarsa kawai ake ji. In yana gini, ana ganin zatonsa, ana ganin lokacin da zaton ya rushe, har da ƙara.

Littafin farko ɗan siriri ne. Harriet Johnson, wadda ta fara da aikin jinya kafin ta shugabanci makarantar ƙananan yara ta cibiyar da daga baya ta zama Kwalejin Bank Street a birnin New York, ta fitar da The Art of Block Building a 1933, ma'ana fasahar gini da tubala. Ba ta kawo wata doguwar falsafa ba. Kallo ta yi shekara da shekaru, ta rubuta abin da ta gani. Yaro ɗan ƙasa da shekara biyu ɗaukar tubalan kawai yake yi, ya kai nan, ya mayar can, ya cika kwando ya juye. Daga nan sai jerawa a ƙasa ko ɗorawa sama, yana maimaitawa ba gajiya. Sai gada, irin wadda muka gani. Sai kewaye, wato ya rufe fili da tubala huɗu, abin da babba yake gani banza ne amma yaro kan daɗe yana fama da na huɗun, don ya rasa ta wace fuska zai juya shi ya toshe kafar. Sai ado, dama ta yi daidai da hagu. Sai ya fara raɗa wa gininsa suna bayan ya gama, daga bisani kuma ya faɗi abin da zai gina tun kafin ya ɗauki tubali ko ɗaya. Amfanin wannan jeri ga malama shi ne yana canja mata ido. Yaron da ke jidar tubala yana zubarwa, wanda jiya ta kira maɓarnaci, yau ta san a matakin farko yake. An sake buga rubutun Johnson cikin The Block Book, kundin da Elisabeth Hirsch ta haɗa a 1974, kuma ta nan ya fi sauƙin samuwa.

Na biyu shi ne na matar da ta ƙirƙiro tubalin da muka auna a sama. Caroline Pratt malamar aikin katako ce. Ta buɗe makarantarta a 1914 da 'yan yara ƙalilan na ma'aikata a unguwar Greenwich Village ta New York, makarantar da ake kira City and Country, wadda har yau tana nan. Littafinta na 1948, I Learn from Children, wato ina koyo daga yara, labari ne mai daɗin karatu, kuma shi ne maganin zaton da ake yi cewa koyo ta hanyar wasa yana nufin a saki yara su yi ta tsalle. Pratt kan fita da yara su je bakin ruwa su ga jiragen dako, su ga kasuwa, su yi tambaya, sa'an nan su dawo su gina abin da suka gani a daɓen aji. In ginin ya cije, misali an gina tashar jirgi amma an rasa ta ina kaya ke hawa tudu, sai a koma a sake dubawa. Azuzuwan da suka fi girma an damƙa musu aiki na gaske: kantin makaranta, gidan waya, maɗaba'a. Lissafi da rubutu suka shigo ta ƙofar bukata. Mai karatu zai lura Pratt mace ce mai kafiya, ba ta cika yarda wani ya fi ta gaskiya ba, kuma makarantarta ba ta taɓa fama da yara tamanin a aji ɗaya ba. Duk da haka babu littafin da ya kai nata nuna yawan shirin da malami ke yi a ɓoye kafin wasa ya zama karatu.

Sai a koma baya zuwa tushe. Friedrich Froebel, Bajamushen da ya rayu daga 1782 zuwa 1852, shi ya kafa makarantar ƙananan yara a garin Bad Blankenburg a 1837, ya raɗa mata suna Kindergarten, wato lambun yara, a 1840, sunan Jamusancin da duniya ke amfani da shi har yau. Kafin nan ya yi aiki a gidan adana duwatsu masu ƙyalli a Balin, kuma tsarin siffofinsu ya bi shi har cikin aji. Ya tsara kayan wasa da ya kira kyaututtuka. Kyauta ta uku dunƙulen katako ne mai fuska shida da aka raba gida takwas daidai wa daida. Ta huɗu tubala takwas ne masu siffar bulo, awonsu ɗaya, biyu, huɗu, irin wanda Pratt ta ɗauka daga baya ta girmama. Manufarsa yaro ya ga abu guda ya rabu, ya kuma koma guda. Gwamnatin Furushiya ta haramta makarantun a 1851 bisa zargin suna yaɗa rashin addini da aƙidar gurguzu, ba a ɗage haramcin ba sai 1860, bayan rasuwarsa. Littafinsa na 1826, The Education of Man a fassarar Turanci, nauyi gare shi, cike yake da zurfafan maganganu na tauhidin Jamusawan zamaninsa, kuma ba na ba mai farawa shawarar ya tunkare shi. Gara Inventing Kindergarten na Norman Brosterman, na 1997, mai hotuna, wanda ya bi sawun kyaututtukan har cikin zane da gine-ginen ƙarni na ashirin. A nan ne za a ci karo da shahararren mai tsara gine-gine na Amurka, Frank Lloyd Wright, wanda ya ce tubalan Froebel da mahaifiyarsa ta saya masa bayan baje kolin Filadelfiya na 1876 su suka buɗe masa ido. Labari ne mai daɗi, amma dubban yara sun yi wasa da tubalan nan ba su zama Wright ba. Darasin da ya fi amfani daga tarihin Froebel wani ne daban: magadansa sun mai da kyaututtukan atisaye, malama na ba da umarni, yara arba'in na matsar da tubali ɗaya a lokaci ɗaya. Wannan bushewa ce Pratt ta yi wa tawaye. Kayan wasa mai kyau ba ya hana aji zama bariki.

Wanda ya iso nan da waɗannan hotuna a ransa zai ga manyan masana sun yi masa sauƙi. Jean Piaget na Suwizalan, wanda ya rasu a 1980, cewa ya yi yaro ba tulu ba ne da ake ɗura wa ilimi. Shi ke gina fahimtarsa ta hanyar taɓa abubuwa, zatonsa ya ci karo da gaskiya, ya sake tsari. Mu da muke cewa yaro bai san wuta ba sai ya taka, ba baƙon zance ba ne a wurinmu, kuma yarinyar gada ta riga ta fassara shi. Sai dai rubutun Piaget tsauri gare shi, kuma ya rena wa ƙananan yara hankali fiye da kima. Mafi alheri a shiga ta hannun Margaret Donaldson ta Jami'ar Edinbara, cikin Children's Minds na 1978. A gwajin Piaget ana jera ƙwallaye layi biyu daidai, babba ya baza layi ɗaya, ya tambayi yaro wanne ya fi yawa. Ƙaramin yaro kan nuna mai tsawon. Donaldson da abokin aikinta James McGarrigle suka sa wata 'yar tsana mai ƙiriniya ta hargitsa layin kamar da tsautsayi, sai ga yara da yawa sun ce adadin bai canja ba. Ashe yaron yana karanta nufin babba ne: tunda ya taɓa da gangan kuma ya sake tambaya, lalle wani abu ya sauya. Duk malamin da ya karanta wannan babi zai rage saurin yanke wa yaro hukuncin daƙiƙanci.

Lev Vygotsky na Rasha, wanda tarin fuka ya kashe a 1934 yana ɗan shekara 37, shi ya cike giɓin da Piaget ya bari, wato mutanen da ke kewaye da yaro. A wurinsa akwai abin da yaro zai iya shi kaɗai, akwai wanda ba zai iya ba ko an taimaka, akwai kuma fili a tsakani inda zai iya in wani ya ɗan tallafa, kuma a wannan fili koyarwa take da amfani. Babin wasa cikin Mind in Society, tarin rubutunsa da aka fitar da Turanci a 1978, ya isa mafari. A can ya kawo misalin yaron da ya hau sanda ya ce doki ne, ya nuna cewa ranar da abu ya tsaya a madadin wani abu, an aza harsashin karatu, domin harafi ma alama ce da ke tsayawa a madadin sauti. Abin sha'awa, gwajin da ya fi bayyana yadda ake wannan tallafi da tubala aka yi shi. A 1976 David Wood da Jerome Bruner da Gail Ross suka ba yara talatin, 'yan shekara uku zuwa biyar, tubalan katako 21 masu shiga juna, waɗanda in an haɗa daidai sukan ba da dala, kamar dalar gyaɗar Kano a ƙanƙance. Mai koyarwa ba ta gina musu ba, ba ta kuma naɗe hannu ba. Takan ja hankalin yaro ga aikin, ta rage masa zaɓi, ta nuna masa inda fegi ya saɓa da rami, ta kwantar masa da rai in ya fusata, ta janye da zarar ya kama hanya. Suka kamanta wannan da katakon da magina ke ɗaurawa jikin bango su taka, in gini ya tsaya a kwance shi. Sun kuma lura yara kan gane haɗin da ya yi daidai tun kafin su iya yin sa da hannunsu. John Dewey ya riga ya faɗi irin wannan da harshen falsafa a ɗan littafinsa na 1938, Experience and Education, inda ya ja kunnen mabiyansa da kansa cewa ba kowane abin da yaro ya yi ne ilimi ba, sai wanda ya buɗe masa hanyar na gaba. Ana iya karance shi a yini ɗaya.

Uba mai biyan kuɗin makaranta yana da ikon ya ce: na ji, amma ina hujjar cewa katako zai sa ɗana ya iya lissafi? Gaskiyar magana, hujjar ba ta kai ƙarfin da masu tallar kayan wasa ke ba ta ba. Binciken da aka fi ambato shi ne na Charles Wolfgang da abokansa na 2001, wanda ya bi yara tun suna shekara huɗu har sakandare, ya ga waɗanda gininsu ya fi sarƙaƙiya sun fi ƙoƙari a lissafi daga aji bakwai zuwa sama. Yara 37 ne kacal, kuma tafiya tare ba ta nuna wanne ya haifi wanne. Mai yiwuwa yaron da ke da kan lissafi tun asali shi ya fi son gini. Wani na 2007, ƙarƙashin likitan yara Dimitri Christakis a Siyatil, ya fi tsari: yara 175 'yan shekara ɗaya da rabi zuwa biyu da rabi, aka raba su biyu, aka ba rabi tubalan roba. Bayan wata shida, a gidajen masu ƙaramin ƙarfi da matsakaita, waɗanda aka ba sun fi da kashi 15 cikin ɗari a awon harshe. To amma iyaye ne suka cike takardar awon, kamfanin da ke ƙera tubalan ne ya biya kuɗin binciken, kuma tare da tubalan an ba iyaye shawarwarin yadda za su yi wasa da yaran. Wannan na ƙarshe shi ne bakin zaren. Ribar a harshe ta fito, katako kuwa ba ya magana. Abin da tubali ke yi shi ne ya tilasta wa babba da yaro furta kalmomin da ba sa faɗowa a hirar yau da kullum: sama, ƙarƙashi, gefe, tsakiya, rabi, kusurwa, a karkace, ya fi tsawo.

Suka ta biyu ta fi nauyi, kuma duk jerin karatun da ya ɓoye ta ya ha'inci mai karatu. A 2006 Paul Kirschner da John Sweller da Richard Clark suka fitar da wata maƙala mai zafi suna cewa barin ɗalibi ya gano abu da kansa ba ya aiki, domin ƙwaƙwalwa abu kaɗan take iya riƙewa a lokaci guda, kuma sabon shiga ya fi amfana da bayani dalla-dalla da misali. Daniel Willingham ya shimfiɗa irin wannan tunani cikin sauƙi a Why Don't Students Like School? na 2009. A ganina suna da gaskiya a fagensu. Babu yaron da zai gano haruffa ko jadawalin sau ta hanyar wasa da katako. Abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba, sai an faɗa masa. Amma sukar tasu ta faɗa ne kan malamin da ya naɗe hannu, wanda Pratt da Dewey da Bruner duk suka ƙi. A 2022 masu bincike a Jami'ar Kambirij suka tattara nazari 39 kan wasan da babba ke yi wa jagora. Sakamakon ya nuna ya ɗan fi koyarwa kai tsaye a lissafin farko da sanin siffofi, a wasu fannoni kamar karatu kuwa bai fi ba. Iyakar da'awar ke nan, kuma ta isa. Ba a ce a jefar da alli ba.

Saura mai cewa duk wannan al'adar Turawa masu kuɗi ce. Shi ma a ba shi littafinsa: The Anthropology of Childhood na David Lancy, bugun farko 2008, wanda ya nuna cewa a mafi yawan al'ummun duniya iyaye ba sa zama su yi wasa da yara, yara kan koya ne daga yayyensu da sa'o'insu da kallon manya suna aiki, kuma suna tashi lafiya lau. Wannan ya rushe zaton cewa uwar da ba ta durƙusa kan daɓe ba ta gaza. Sai dai bai rushe wasan gini ba, ya dai nuna ba Froebel ne ya ƙirƙiro shi ba. Yaran da ke kwaɓa ƙasa bayan ruwan sama su ɗora ƙafa su gina ɗaki, da masu ɓare kara su ƙera mota da taya mai juyawa, da 'yan matan da ke jera gwangwanaye su yi madafa, suna cikin matakan Johnson ba tare da sun san sunanta ba. Kalmar tubali ma tamu ce, daga ginin ƙasa da ya tsayar da fadoji da ganuwa. Malamanmu ba su kau da kai ga batun ba: Imam Gazali cikin Ihya ya ba da shawarar a bar yaro ya yi wasa bayan ya taso daga makaranta, don matsa masa da karatu ba hutu yana dusashe basirarsa, Ibn Khaldun kuma cikin Muƙaddima ya yi bayanin yadda tsanantawa ke koya wa almajiri ƙarya da kasala. Abin da ya canja shi ne yaron birni ɗan shekara uku yanzu yana wuni kan benci yana kwafar haruffan harshen da ba ya ji, ya dawo da jingar gida, filin wasan ƙasa kuma an malale shi da siminti. Kundin manufofin ilimi na Nijeriya, bugun 2004, ya ce wasa ne babbar hanyar koyarwa a wannan mataki. Iyaye ne da kansu ke neman littafin rubutu cike da jan biro a matsayin shaidar kuɗinsu bai tafi a banza ba.

Abu guda da tubalin Pratt ya fi gwangwani da kara shi ne daidaiton awo. Rabi biyu suna ba da ɗaya cif, ɗaya biyu suna ba da dogo cif, don haka yaron da dogon tubali ya ƙare masa ya cike gurbin da gajeru biyu ya taɓa lissafin kashi da hannunsa shekaru kafin ya gan shi a allo. Wannan ba ya bukatar odar waje. Kafinta mai awo na ƙwarai zai yanka su daga busasshen katako mai ƙarfi, ya goge gefunan da sanfefa don kada sartse ya soki yaro. In ya kuskure awon ko da kaɗan, ginin zai riƙa karkacewa, amfanin ya tafi. Malamar da ta samu tubalan, littafin da zai zauna a gefenta shi ne Exploring Learning na 1992, wanda Pat Gura ta tace daga aikin wani rukunin malamai a Landan ƙarƙashin jagorancin Tina Bruce. Malaman aji ne suka riƙa zana ginin yara, suna rubuta abin da yaran suka faɗa, suna haɗuwa su tattauna. Cikin abin da suka gano har da muhimmancin lokacin kwashewa: in kowane awo yana da gurbinsa a kanta, da zanen siffarsa manne a wurin, mayar da tubalan ma ya zama aikin ware iri da iri, kuma yaron da ya ƙi gini yakan fara shiga ta nan.